Shafi Ɗaya da Ya Rage daga Littafin Kawu

Ranar Talata da hantsi Mai abu ya karɓi abinsa. Kawu, yayan mahaifiyata, ya cika a wani asibiti a nan Riyadh. Aka sallace shi bayan la'asar, kafin magariba maza sun dawo daga maƙabarta suna karkaɗe takalma a bakin ƙofa. A garin nan ba a zuwa da mata, don haka ban ga inda aka sa shi ba. Na tambayi maigidana ko zai gane wurin. Ya ce kaburbura ne a jere iri ɗaya, dutse a kai dutse a ƙafa, babu suna, ko shi in ya koma gobe sai ya yi ta dube-dube.

Kwana uku gidan bai yanke da mutane ba. Likitocinmu da injiniyoyi sun zo da fararen riguna, sun sha gahawa, sun ce an yi rashin masani. Amma waɗanda suka cika matattakalar bene direbobi ne da masu gadi da leburorin da ke gini a Dir'iyya, wasu ko kayan aiki ba su tuɓe ba. Wani direba ɗan Sakkwato ya tsaya a bakin ɗakin mata, ya kasa shigowa ya kasa tafiya. Ya ce da matar Kawu, "Hajiya, wallahi da ba don Dakta ba, da wahalata ta shekara goma sha ɗaya ta tafi a banza. Halas, shi ke nan, yanzu wa za mu tambaya?" Ya sa hannun riga ya rufe fuska.

Ni kuwa duk wanda ya zo kaina maganarsa ɗaya ce: "Ke ce 'yar da littafin ke hannunta ko? Allah ya ba ki ikon fito da shi." Mahaifiyata ta bugo daga Kano, murya a dashe, ta ce, "Yaya ya tafi, amma ya faɗa mini kin gama sa masa littafin a kwamfuta. Wannan kaɗai ya sanyaya mini rai." Na ce amin, na ce in sha Allahu. Ban buga ko harafi ɗaya na littafin nan ba. Ina wannan rubutu ne don a san Kawu, a kuma san abin da na yi masa.

Kawu masanin tattalin arziki ne, irin wanda har ya mutu bai yi mota mai kyau ba. Dangi na yi masa tsiya cewa ya je har ƙasar ƙanƙara ya karanto kuɗi amma bai san hanyar gidansu ba. Sai ya yi dariya ya ce shi yadda suke gudu ya karanta, ba a koya masa yadda ake kama su ba. Yana saurayi gwamnati ta tura shi karatu wata ƙasa ta 'yan gurguzu a gabashin Turai. Ya koma karo na biyu don digirinsa na ƙarshe, sai tsarin ya rushe a kan idonsa. Banki ɗaya na gwamnati ya sani a zuwansa na fari. Kafin ya baro ƙasar kowane lungu akwai sabon banki da allo mai ƙyalli, kuma yawancinsu ba su shekara biyu ba.

Ya dawo gida ya kama aiki a wani banki a Kaduna, ya tarar mu ma an sa mu a irin wannan garambawul: an karya darajar naira, ana raba lasisin buɗe banki kamar goron ɗaurin aure. Ya rubuta wa manyansa takarda cewa ya ga ƙarshen wannan hanya da idonsa. Suka gode masa, suka mai da shi wani ofis da babu ko waya a ciki. Da bankin ya durƙushe sai ya samu aiki a wani kamfanin ba da shawara a unguwar Ulaya, nan Riyadh, ya kwaso iyali ya taho. Shi ne ya tsaya mini lokacin da na zo aikin jinya, shi ya nemo mini gida, shi ya raka ni har na karɓi iƙama, wato takardar izinin zama.

Mutane da yawa sun ɗauka ɗan gurguzu ne, har da maigidana. Ba haka ba ne. Ya sha ba mu labarin layin sabulu da layin takalmi, ya ce tsohon tsarin nan ruɓaɓɓe ne, dole ya faɗi. Abin da ke cin ransa shi ne yadda aka yi gyaran. Wata rana na kai masa magani, ya tsare ni da ido ya ce, "'Yata, a asibitinku ana tsaga mutum kafin a tanadi jini?"

Na ce, "Haba Kawu, ai sai a ɗaure mu."

Ya ce, "To su ba a ɗaure kowa ba. Sun buɗe bankuna kafin su horar da mai duba bankunan. Sun sayar da na gwamnati ga mutanen da suka cinye su tun farko. Bayan shekara goma sai a kawo miki jadawali a ce ga shi tattalin arziki ya miƙe. Ƙwarai ya miƙe. Sai dai waɗanda aka tsaga ba sa cikin jadawalin, sun riga sun mutu."

Haka yake magana, a hankali, yana juya kofin shayi a tafin hannu. Bai taɓa ɗaga murya a kan wannan ba.

Kowace Juma'a bayan la'asar yana da wurin zama a unguwar Dira, gaban wani shagon shayi kusa da tsohuwar kasuwa. Nan mutanenmu ke samunsa da wayoyinsu, suna nuna masa saƙonnin da ake turo musu daga gida: zuba dubu ɗari ka kwashi ninki cikin wata uku. Tambayarsa ba ta canzawa. "Wa ke duba su? In sun mutu gobe, ƙofar wa za ka buga?" Direban nan ɗan Sakkwato ya zo ne ya riga ya yanke shawara, duk abin da ya tara zai tura a ranar kafin a rufe rajista. Kawu ya ce ya ba shi wayar ya ga saƙon. Da ya karɓa sai ya sa ta ƙarƙashin cinyarsa ya zauna a kai, ya ci gaba da shan shayinsa. Direba ya yi roƙo, ya yi rantsuwa, ya kira shi tsoho mai baƙin ciki a gaban jama'a. Kawu bai tashi ba sai da aka kira magariba. Ba a yi wata huɗu ba masu kamfanin suka ɓace da kuɗin mutane. Direban da kansa ya ba ni labarin, ya ce har Kawu ya bar duniya bai taɓa ce masa ai na faɗa maka ba.

Sau ɗaya muka taɓa ɓatawa da shi, kuma a kan littafin ne. Tun kafin in zo ƙasar nan yake rubuta shi, da Hausa, a kan abin da ya gani a ƙasar ƙanƙara da abin da ya gani a gida. Ni da bakina da ba ya shiru na ce, "Kawu, wa zai karanta maganar bankuna da Hausa? Ka rubuta da Turanci mana, jami'o'i su ɗauka, ko sunanka a sani."

Ya ajiye kofin. Ya ce, "Waɗanda suka yi aikin da Turanci suka yi shi, sun san abin da suka yi. Wadda aka yi wa ce ba wanda ya yi wa bayani. Kakarki shekara nawa tana tarin kuɗin Hajji? Duk shekara in ta kai, kujera ta yi gaba. Ta mutu tana cewa Allah ne bai kira ta ba. Ni ɗanta, mai digiri uku, ban zauna na faɗa mata abin da ya cinye kuɗinta ba. Ke kuma ki ce sunana."

Ya yi wata guda bai ɗauki wayata ba. Ni ma na hau dokin zuciya, na ce ai gaskiya na faɗa. Ranar wata Asabar sai ga shi a ƙofata, yana haki saboda hawan bene, da ledar dabino a hannu ɗaya, da ƙunshin takardu a ɗayan, an ɗaure da robar kuɗi. Ya ce, "Idona ya fara gajiya, hannuna na rawa. 'Ya'yana kuwa haihuwar nan ne, Hausar boko sai su yi ta tuntuɓe. Ke ce kika yi firamare a Kano. Ki sa mini shi a kwamfuta." Na karɓa da hannu biyu, har da ƙwalla.

Dogayen takardu ne warwara, rubutu ƙanana a matse. A saman kowane shafi, kafin ya sa lamba, sai ya rubuta Bismillah da Larabci da koren biro. Ko shafin da ya soke ya sake, sai da ita. Ya ce tun makarantar allo hannunsa bai iya fara rubutu ba tare da ita ba.

Allah ya sani da niyya mai kyau na kai ƙunshin farko gida. Amma aikin awa goma sha biyu nake, in dawo ƙafafu a kumbure, ga yara ga girki. Na sa shi a durowar gefen gado na ce gobe. Bayan wata guda ya tambaye ni. Yana tsaye yana murmushi, matarsa na gefe, kunya ta kama ni, na ji bakina ya ce, "Na gama, Kawu." Ya tafa hannu kamar yaro. Washegari na mayar masa da ƙunshin, ya ba ni na biyu.

Shekara shida muna haka. In karɓa, in sa a durowa, in mayar. Tun ina jin nauyin abin har ya zame mini jiki. In ya ce yaya kika ga wannan babi, sai in ce, "Akwai nauyi, Kawu," shi kuma ya gyaɗa kai. In ya ce a buga masa ya gani a takarda, sai in ce a bari a kammala a buga gaba ɗaya. Kullum ina gaya wa kaina in na samu hutu zan kwaso su duka in zauna a kansu. Hutu ya zo na tafi Kano, wani ya zo na tafi Umara, wani na yi barci kawai. Ba zan ce ban samu lokaci ba. Na samu lokacin kallon abin banza a waya fiye da yadda zan iya faɗa.

Wata rana da na mayar masa da ƙunshi ya juya shi a hannu ya ce, "Kina dawo mini da su tas. Ko ɗigon shayi babu." Ya dube ni ta saman tabarau. Na yi dariya na ce ai ma'aikatan jinya akwai tsabta. Har yau ban san ko ya gane ba. In ya gane, to rufa mini asiri ya yi ta yi, domin kowa ya samu sai ya ce, "'Yata ta sa shi a kwamfuta, ba abin da ya rage sai bugu." Kafin azumin da ya wuce ya ba ni babi na ƙarshe. Shi ma na mayar.

Zan faɗi abin da ya fi muni. Ranar da ya rasu, a cikin kukan da nake, akwai wani gefe na zuciyata da ya samu sauƙi. Na ce yanzu zan kwashe kwalayen takardun da ke ɗakin karatunsa in kai gidana, in ɗauki hutu in buga su, babu wanda zai taɓa sani.

Gidan Kawu ƙarami ne. Maza suka ɗauki falo, mu mata aka shimfiɗa mana darduma a ɗakin karatunsa. An fitar da tebur da kanta da komai tun kafin mu dawo daga masallaci. Na ɗauka ɗakin barci aka kai su. Kwana uku ina zaune a daidai inda kwalayen suke a da, ina karɓar gaisuwa. A rana ta uku bayan la'asar, da mutane suka ragu, na kira babban ɗansa. Injiniya ne, ya haura talatin, mai hankali da ladabi, Larabci ya fi zama a bakinsa. Na ce ya sa mini takardun Baba a mota.

Ya ce, "Takardun? Mun kai masallaci, Yaya, tun ranar Talata."

Wanda bai zauna a nan ba bai san abin ba. A gefen masallatai da yawa akwai wani babban akwatin ƙarfe mai ƙaramin baki, inda ake zuba tsofaffin littattafai da duk takardar da ke ɗauke da sunan Allah, don kada ta shiga shara. Mota na zuwa ta kwashe.

Ya ga fuskata ya fara bayani. "Babu wuri, Yaya, mata na zuwa. Na duba, kowane shafi akwai Bismillah, haramun a sa a zibala, cikin shara. Kuma Baba ya ce kulluhu, duka dai, yana kwamfutarki. Sah? Haka ne ko?"

Matar Kawu na zaune a kusurwa cikin takaba, carbi a hannu, ta ɗago ta dube ni. 'Ya'yanta mata biyu suka dube ni. Na ce, "Sah."

Ban ga laifinsa ba, kuma ba zan yarda wani ya gani ba. Abin da aka koya masa ya yi. Kawu da kansa in ya ga takarda mai rubutu a ƙasa sai ya sunkuya ya ɗauka ya soke ta a jikin bango. Yaron ya girmama rubutun ubansa ta hanyar da ya sani, ya kuma yarda da maganata.

Washegari da safe na sa maigidana ya kai ni masallacin. Na leƙa bakin akwatin da fitilar waya, ba komai sai wasu littattafan makaranta biyu a ƙasa. Mai share masallacin ya ce mota ta zo tun Laraba. Muka kira lambar da ke jikin akwatin. Mutumin da ya ɗauka ya yi mana ta'aziyya da kyau, sannan ya ce takardun ba a ware su, ana jiƙa su ne a narkar, abin da aka kwasa Laraba ya riga ya wuce. A cikin mota na faɗa wa maigidana komai. Bai tayar da motar ba. Ya ce, "Shekara shida?" Da ma ya zage ni.

Na yi ƙoƙarin rubuta abin da na tuna daga bakin Kawu. Abin da kuka karanta a sama ke nan, bai cika shafi uku ba. Na je wurin shayin Dira na tambayi mutanensa, kowa ya tuna tambayoyinsa biyu da yadda yake juya kofi, ba wanda ya tuna bayanin. Shekara talatin mutum yana nazarin yadda ake karɓar amanar talaka a ce masa tana nan lafiya alhali babu ita. Ya kare direbobi da leburori daga irin wannan. Tasa amanar kuwa ya kawo ta har gida ya ba 'yar ƙanwarsa, bai tambayi wa ke duba ni ba.

Makon jiya ina neman katin asibitin ɗana a durowar gefen gado, na zaro ta gaba ɗaya, sai ga takarda ɗaya ta maƙale a baya. Koren Bismillah a sama, lamba ɗari biyu da goma sha huɗu. Daga wane ƙunshi ta zame, ban sani ba. Na zauna a ƙasa na karanta ta, karo na farko da na karanta shafin Kawu daga sama har ƙasa. Labarin tsohuwar da ya yi haya a gidanta ne a ƙasar ƙanƙara. Ga yadda ya ƙare:

"Shekara talatin da biyar tana ɗinki a masaƙar gwamnati, duk wata tana kai wani abu asusun ajiya. Ta nuna mini ɗan littafin, ta ce wannan na jana'izata ne da ɗakin jikata. Da aka saki farashi, kafin sanyi ya fita abin da ke ciki bai wuce kuɗin takalmi ba. Ba wanda ya sace mata, lambobin suna nan yadda suke. Da ta ji an ce za a rufe reshen bankin da ke unguwarmu sai ta ce in raka ta. Muka tarar da layi ya zagaye ginin. Na ce Inna mu koma, abin da za ki karɓa bai kai wahalar ba. Ta ce ba kuɗin take so ba, so take ta ga fuskar wanda zai faɗa mata. Muka tsaya. Ƙanƙara na sauka a kan ɗankwalinta, tana riƙe da littafin a ƙirji da hannu biyu. Wajen azahar saura mutum bakwai a gabanmu, sai aka"

Nan shafin ya ƙare. Na juya bayansa, fari ne.

Na buga shi a kwamfuta a ranar. Minti goma sha biyu ya ɗauke ni, na duba agogo.

Mahaifiyata na bugowa duk Juma'a ta tambayi yaushe za a kai wa masu ɗab'i. Ta riga ta jera waɗanda za a ba kwafi, har da limamin unguwarsu. Ita zan fara aika wa wannan rubutu, sannan matar Kawu, sannan ɗansa, wanda zai sa a karanta masa a hankali. Ban san da wane ido za su sake dubana ba, kuma ban roƙi kowa ya yi mini uzuri ba.

Ya Allah, Ka san inda yake kwance ko da babu suna a kan dutsen. Ka yalwata masa wurin, Ka haɗa shi da mahaifiyarsa, Ka rubuta masa ladan kowane shafi, domin da sunanKa ya fara su duka kuma Kai kaɗai Ka karanta. Ni kuma ga ni da tsohuwar nan tana tsaye cikin ƙanƙara, saura mutum bakwai a gabanta. Takardar da ke bin wannan ta yi wata guda a gefen gadona, kuma ba mai rai da ya san ko ta kai ga tagar.